Gaɓa Mai Ƙwallo da Gurbi: Ƙirar Kafaɗa da Kwatangwalo da Yadda Ake Kula da Su

Ɗalibin Hausa yakan fara cin karo da kalmar gaɓa ne a darasin tsarin sauti, inda ake koya masa cewa kalmar makaranta tana da gaɓoɓi huɗu. To amma masana nahawu aron kalmar suka yi. Tun kafin a kai ta aji, gaɓa tana nufin wurin da ƙashi ya haɗu da ƙashi a jikin mutum ko na dabba, kamar yadda ake cewa gaɓar rake ko gaɓar kara. Wannan takarda ta shafi gaɓa ta jiki ce, kuma iri guda daga cikinta.

Jikin baligi yana da ƙasusuwa 206, kuma ba iri ɗaya ba ne haɗuwar da suka yi da juna. Ƙasusuwan ƙoƙon kai sun sarƙe da juna har ba su motsi ko kaɗan. Na kashin baya kuwa kowanne yana ɗan motsi a kan ɗan'uwansa, sai an haɗa su duka sannan mutum yake iya sunkuyawa. Gwiwar hannu tana buɗewa tana rufewa kamar ƙyauren ɗaki, ta fuska ɗaya kawai. Akwai kuma gaɓar da ta fi duk waɗannan sakewa, wadda kan ƙashi guda ya dunƙule kamar ƙwallo ya zauna a cikin wani rami da ke jikin ƙashi na biyu. Ita ce a nan aka kira gaɓa mai ƙwallo da gurbi. Manyan gaɓoɓi irin wannan huɗu ne a jiki: kafaɗu biyu da kwatangwalo biyu. Wanda yake son ya ga yadda suke aiki sai ya dubi taɓarya a cikin turmi. Kanta yana wuri ɗaya, amma ana iya karkata ta gaba ko baya, dama ko hagu, ana iya kewaya bakin turmin da ita, ana kuma iya murza ta a inda take tsaye. Duk waɗannan motsi hannu yana yin su daga kafaɗa, ƙafa ma tana yin su daga kwatangwalo.

Batun Kalmomi

Kafin a shiga bayani, akwai buƙatar a daidaita wasu kalmomi, domin masu magana sukan musanya su. Ƙugu shi ne kewayen jiki inda ake ɗaura zane ko tazugen wando. Kwankwaso ya fi karkata ga ƙasan gadon baya, shi ya sa mai ciwon baya yake cewa kwankwasonsa ya riƙe. Katara ita ce gefen cinya daga sama, inda mai tsayuwa yake dafawa. A wannan takarda an keɓe kwatangwalo ga ainihin gaɓar da ƙashin cinya ya shiga cikin ƙashin ƙugu. Wannan rarrabewa ba ta ƙawa ba ce. Maras lafiya da ya ce wa likita "ƙuguna yake ciwo" yana iya nufin wurare uku dabam, kuma tafintan da bai tambaye shi ya nuna wurin da hannu ba yana iya sa a ɗauki hoton inda lafiyarsa ƙalau.

Kalmar jijiya ta fi wannan rikitarwa, don kuwa abubuwa huɗu take ɗauke da su. Akwai jijiyar jini, wadda jini yake gudana a cikinta. Akwai jijiyar saƙo, wadda take kai umarni daga ƙwaƙwalwa zuwa tsoka, ta kuma komo da labarin zafi ko taɓi. Akwai jijiyar tsoka, wato farar igiyar nan da take liƙa tsoka a jikin ƙashi, irin wadda ake gani a agara. Sannan akwai jijiyar ɗauri, wadda take ɗaure ƙashi da ƙashi. Dukansu suna da rawar da suke takawa a gaɓa, don haka za a riƙa ambaton kowace da cikakken sunanta.

Kayan da Aka Gina Gaɓar da Su

Ƙashi ba ya gugar ƙashi kai tsaye a gaɓa mai lafiya. Ƙwallon da gurbin duka a lulluɓe suke da guringuntsi, farin abin nan mai santsi da ake gani a kan ƙashin cinyar kaza ko na rago. Kaurinsa bai wuce ƴan milimitoci ba, kuma fiye da rabinsa ruwa ne. Gaɓar gaba ɗaya tana cikin wata jaka mai ƙarfi, wadda ɓangarenta na ciki yake fitar da wani ruwa mai yauƙi kamar farin ƙwai. Wannan ruwa kaɗan ne, amma shi da guringuntsi suna samar da santsin da ya fi na ƙanƙara a kan ƙanƙara. A bakin gurbin kuma akwai wani zobe na guringuntsi mai tauri da yake ƙara masa zurfi, wanda likitoci suke kira da kalmar Latin mai ma'anar leɓe.

Guringuntsi yana da wata siffa da ta kamata a riƙe, domin a kanta yawancin maganar kula da gaɓa ta rataya. Ba shi da jijiyar jini, ba shi da jijiyar saƙo. Rashin jijiyar saƙo shi ne ya sa mutum yake tafiya kilomita goma a ƙasa bai ji gugar gaɓarsa ba, shi ne kuma ya sa guringuntsi yake iya daɗewa yana lalacewa mai shi bai sani ba. Rashin jijiyar jini kuwa yana nufin ba ya samun abinci ta hanyar da sauran sassan jiki suke samu. Daga ruwan gaɓa yake ci, kuma kamar soso yake yi: idan an taka ƙafa sai ya matse ya fitar da ruwa, idan an ɗaga sai ya tsotso sabo. Ke nan gaɓar da ba a motsa ta, yunwa guringuntsinta yake sha. Haka kuma idan ya ji rauni, da ƙyar yake gyaruwa. Wani likitan Birtaniya mai suna William Hunter ya rubuta haka tun a shekarar 1743, kuma har yau, duk da ci gaban da aka samu, babu maganin sha ko na shafawa da yake mayar da guringuntsin da ya cinye.

Me yake riƙe ƙwallon a cikin gurbinsa? Amsar da take fara zuwa ita ce tsoka da jijiyoyin ɗauri, kuma gaskiya ce, amma ba ta cika ba. A shekarar 1836 wasu ƴan'uwa biyu Jamusawa, Wilhelm Weber da Eduard Weber, sun wallafa wani gwaji da suka yi a kan gawa. Sun yanke tsokoki da jakar da ta kewaye kwatangwalo, suka bar ƙafar tana lilo, amma kan ƙashin cinya ya ƙi fita daga gurbinsa. Da suka huda ƙaramin rami ta bayan gurbin, iska ta shiga, sai ƙafar ta zame. Abin da yake faruwa shi ne leɓen gurbi da ruwan gaɓa suna toshe wurin ruf, nauyin iskar waje kuma yana danne ƙwallon a ciki. Duk wanda ya taɓa ganin yadda ƙahon wanzami yake kama fata bayan an zuƙe iskar cikinsa ya riga ya san wannan dabara.

Kwatangwalo

Gurbin kwatangwalo yana da zurfi. Ƙasusuwa uku na ƙugu ne suka haɗu suka yi shi. A jikin yaro guringuntsi ne yake tsakaninsu, sai bayan balaga suke haɗewa su zama ɗaya. Sunan da likitoci suke kiransa, asetabulam, a harshen Latin yana nufin ɗan ƙoƙon da Rumawa suke zuba ruwan tsami a ciki. Kan ƙashin cinya ya shige cikin wannan ƙoƙo sosai. Sai dai bai zauna a saman ƙashin kai tsaye ba. Akwai wani ɗan siririn wuya da ya fito a karkace daga jikin ƙashin, ya yi kwana mai kimanin digiri 125 zuwa 130, sannan kan ya zauna a ƙarshensa. Wannan wuya yana nisanta ƙafa daga ƙugu don ta samu filin lilo, amma shi ne kuma wurin da ƙashin ya fi rauni. Ta gaban gaɓar akwai wata jijiyar ɗauri mai reshe biyu, wadda ake ɗauka ita ce mafi ƙarfi a jikin mutum. Ita take hana gangar jiki kifewa ta baya, kuma saboda ita ne mutum yake iya daɗewa a tsaye bai gaji sosai ba, don yana jingina ne a kanta.

Nauyin da kwatangwalo yake ɗauka ya wuce abin da ake zato, kuma lissafinsa ba shi da wuya. Duk takun da mutum ya yi, akwai lokacin da ƙafa ɗaya ce kawai a ƙasa. A wannan lokaci nauyin jiki yana neman karkatar da ƙugu zuwa ɓangaren ƙafar da aka ɗaga, tsokokin gefen katara na ƙafar da ke ƙasa kuma suna ja don hana hakan. Gaɓar ita ce a tsakiya, kamar tsakiyar sikeli. Matsalar ita ce hannuwan sikelin ba daidai suke ba: nisan da ke tsakanin gaɓa da tsakiyar jiki ya ninka wanda ke tsakanin gaɓa da inda tsokokin suke ja kusan sau biyu da rabi. A ɗauki mutum mai nauyin kilo 60. Idan aka cire nauyin ƙafar da yake tsaye a kanta, kimanin kilo 10, saura kilo 50. Don a daidaita kilo 50 a dogon hannu, dole tsokokin su ja da ƙarfin kilo 125 a gajeren hannu. Gaɓar kuwa duka biyun take ɗauka, wato kilo 175, kusan ninki uku na nauyin mutumin. Georg Bergmann da abokan aikinsa a birnin Balin sun auna wannan a jikin masu rai, ta hanyar gaɓoɓin ƙarfe masu na'urar awo a ciki, sun kuma samu cewa tafiya ta yau da kullum tana ɗora wa gaɓar kusan ninki biyu da rabi na nauyin jiki, tuntuɓe kuwa yana iya kai shi ninki takwas.

Daga wannan lissafi abubuwa biyu suke fitowa. Na farko, kowane kilo ɗaya da mutum ya ƙara na ƙiba, kusan kilo uku ya ƙara wa kwatangwalonsa a kowane taku. Haka nan idan ya rage. Na biyu ya shafi sanda. Mutane da yawa masu ciwon kwatangwalo suna riƙe sandar dogarawa a hannun da yake ɓangaren ciwon, suna ganin nan ne ake buƙatar taimako. Kuskure ne. A ɗaya hannun ake riƙe ta. Sandar da take nesa da gaɓar, a ƙarshen dogon hannun sikeli, ɗan dannawa kaɗan ya ishe ta tallafe ƙugun, sai tsokokin katara su sassauta, gaɓar ta huta.

Kafaɗa

Kafaɗa ta bi akasin wannan tsari. Gurbinta, wanda yake jikin allon kafaɗa, kusan a shafe yake kamar faifai, kuma bai rufe fiye da kashi ɗaya cikin uku na kan ƙashin damtse ba. Jakar gaɓar ma a sake take. Saboda haka babu gaɓar da ta kai kafaɗa sakewa a jiki: mutum yana iya miƙa hannu sama sak, ya kai shi baya ya sosa tsakiyar gadon bayansa, ya juya shi kamar majaujawa. Allon kafaɗa shi ma yana taimakawa, don ba a kafe yake ba, zamewa yake yi a kan haƙarƙari. Idan aka ɗaga hannu daga gefen jiki har sama, wato digiri 180, kimanin digiri 120 ne gaɓar take bayarwa, sauran 60 daga juyawar allon suke fitowa.

Da yake ƙashi bai riƙe kafaɗa ba, aikin ya koma kan tsoka. Ƙananan tsokoki huɗu ne suka taso daga allon kafaɗa, ɗaya ta gaba, ɗaya ta sama, biyu ta baya, jijiyoyinsu suka rungume kan ƙashin damtse suna danna shi cikin gurbi duk lokacin da babbar tsokar kafaɗa ta ɗaga hannu. Ta ƙasa, wajen hammata, babu irin wannan kariya. Jijiyar tsokar da ta bi ta sama kuma tana ratsawa ne ta wani matsatsin wuri a ƙarƙashin rufin ƙashi, kuma duk sana'ar da ake yawan ɗaga hannu sama da kai tana gugar ta: daka, jan guga, faskare, yaɓe, ɗora kaya a ka. Bayan shekara 40 zuwa 50 wannan jijiya takan fara sulɓewa. Alamarta ita ce zafi a gefen damtse idan hannu ya kai rabin hanya zuwa sama, da kuma kasa kwanciya a kan wannan kafaɗa da dare.

Gocewa da Karaya

Bambancin ƙirar gaɓoɓin biyu shi ne yake bayyana bambancin raunin da suke samu. Kafaɗa ita ce babbar gaɓar da ta fi kowace gocewa, kuma fiye da kashi 90 cikin ɗari na gocewar ta gaba take yi. Faɗuwa a kan miƙaƙƙen hannu ta isa, ko fizgar hannu a kokawa. Kafaɗar takan baje ta rasa tudunta, mai ita kuma ya riƙe hannun da ɗaya hannun ya hana kowa taɓawa. Tun fiye da shekara 2,000 da suka wuce Hifokiratis, babban likitan Girka, ya bayyana yadda ake mayar da ita, mai gyara ya sa diddigensa a hammatar majinyaci ya ja hannun. Likitocin yau sun bar wannan hanya, domin a hammata ne manyan jijiyoyin jini da na saƙo suke bi zuwa hannu, kuma sau da yawa gocewar tana zuwa da tsagewar ƙashi da ido ba ya gani. Saboda haka ake son a ɗauki hoton ƙashi kafin a ja. Wani abin lura shi ne shekarun majinyaci. Saurayin da kafaɗarsa ta goce kafin ya kai shekara 20, mafi yawan lokaci takan sake gocewa, saboda leɓen gurbin ya yage bai koma ba. Irin wannan yakan buƙaci ɗinki, ba ɗauri kawai ba.

Kwatangwalo ba ya gocewa sai da gagarumin ƙarfi, kamar hatsarin mota inda gwiwar wanda yake zaune ta daki gaban motar, ko faɗuwa daga babur ko daga bisa itace. Amma idan ya goce, awoyi ake ƙirgawa, kuma dalilin yana wajen jini. Jijiyoyin jinin da suke ciyar da kan ƙashin cinya ƙanana ne, kuma a jikin siririn wuyan nan suke hawa. Gocewa tana lanƙwasa su ko ta tsinka su. Likitoci suna ƙoƙarin mayar da gaɓar cikin awa 6, domin idan aka wuce haka haɗarin mutuwar kan ƙashin yana ƙaruwa ƙwarai.

Wannan dalili ne kuma ya sa karayar wuyan cinya ta bambanta da sauran karaya. Ta fi samun tsofaffi, musamman mata bayan ɗaukewar al'ada, lokacin da ƙashi yake yin sakayau. Zamewa a makewayi ta isa. Tsohuwar takan kasa tashi, ƙafar ta gajarce, tafinta ya kwanta waje. Masu ɗori na gargajiya suna da dogon tarihi a ƙasar Hausa, kuma akwai karayar hannu ko ta ƙwauri da ba ta goce ba wadda takan warke a hannunsu. Amma wuyan cinya yana can cikin nama, kara da tsumma ba su kai gare shi, kuma karayar da jini ya yanke mata ba ta ɗoruwa ko an shekara ana ɗauri. Abin da yake kashe irin wannan majinyaciya ba ƙashin ba ne, doguwar kwanciya ce: ciwon huhu, gyambon kwanciya, daskarewar jini a ƙafa. Ko a ƙasashen da ake yin tiyata da wuri, kimanin mutum ɗaya cikin huɗu ko biyar na tsofaffin da suka yi wannan karaya ba ya cika shekara guda. Manufar tiyatar ita ce a tayar da majinyaci tsaye cikin kwana ɗaya ko biyu.

Sikila, Goyo da Ɗingishin Yara

Kan ƙashin cinya yana iya mutuwa ko babu hatsari. A Nijeriya da Nijar, babban abin da yake jawo haka ga matasa shi ne ciwon sikila, wanda wasu suke kira amosanin jini. Ƙwayoyin jinin da suka lanƙwashe kamar lauje suna toshe ƙananan jijiyoyin nan, ƙashin da ke ƙarƙashin guringuntsi ya rasa abinci, a hankali ya rufta, ƙwallon da yake a dunƙule ya koma kamar lemon da aka taka. Da farko hoton ƙashi na yau da kullum ba ya nuna komai, sai hoton maganaɗisu. Don haka mai sikila da ya fara jin ciwo a matsematsi wanda ba ya tafiya bayan rikicin ciwon ya lafa, bai kamata a ce masa sanyi ne ba. Yawan shan giya yana jawo irin wannan mutuwar ƙashi, haka ma daɗewa ana shan magungunan sitiroyid, waɗanda wasu suke saya a kasuwa don ƙiba ko don ciwon jiki ba da izinin likita ba.

A wajen jarirai labarin ya fi daɗi. Gurbin jariri yawancinsa guringuntsi ne, kuma ba shi da zurfi. Zaman ƙwallon a cikinsa ne yake ƙara masa zurfi yayin da yaro yake girma. Zaman da ya fi dacewa shi ne cinyoyi a ware, gwiwoyi a lanƙwashe sama, kamar na kwaɗo. Wannan kuwa shi ne ainihin zaman da jariri yake yi a bayan uwarsa. An daɗe da lura cewa gocewar kwatangwalo ta jarirai ba ta da yawa a al'ummomin Afirka masu goyo, alhali tana da yawa a inda ake naɗe jariri tamau da ƙafafu a miƙe. A Japan an yi gangami a shekarar 1975 na hana irin wannan naɗi, kuma yawan matsalar ya faɗi ƙwarai bayan haka. Wani likitan yara ɗan Italiya, Marino Ortolani, ya bayyana gwajin gano ta da hannu a shekarar 1937, kuma maganin da ake yi wa jaririn da aka gano da wuri wata maɗauriya ce da take riƙe ƙafafunsa a wannan zama na goyo. Uwar da ta bar zanen goyo ta koma naɗe ɗanta kamar sanda don ta ga ana yi a talabijin ba ci gaba ta yi ba.

Ɗingishin yaro kuma ba abin rainawa ba ne. Yaron da zazzaɓi ya kama, ya ƙi taka ƙafa, yana ihu idan an motsa cinyarsa, yana iya kasancewa da mugunya a cikin gaɓar, kuma mugunya tana cinye guringuntsi cikin ƴan kwanaki. Tarin fuka ma yana kama kwatangwalo, shi kuma a hankali yake ɓarna. Wani abu da yake ruɗar iyaye, har da wasu ma'aikatan lafiya, shi ne ciwon kwatangwalo yakan bayyana a gwiwa, saboda jijiyar saƙo guda tana aika rassa zuwa gaɓoɓin biyu. Yaro ya ce gwiwa, a duba gwiwa a ga ba komai, a sallame shi, alhali ɓarnar tana sama.

Tsufa, Sandarewa da Gaɓar Ƙarfe

Ciwon da aka fi sani da sanyin ƙashi ko amosanin gaɓoɓi, a mafi yawan tsofaffi, cinyewar guringuntsi ce. Sanyi ba shi ne yake kawo shi ba, ko da yake masu shi sukan ce sun fi jin jiki da hunturu. A kwatangwalo yana farawa da ciwon matsematsi da taurin gaɓa da safe, sai tsugunno da tanƙwashe ƙafa su fara gagara. Mai irin wannan ciwo yakan so ya kwanta ya huta, amma an riga an ga cewa guringuntsi da motsi yake ci. Tafiya a hankali kullum, ƙarfafa tsokokin katara da cinya a wajen masu gashin ƙashi, da rage ƙiba, su ne matakin farko da likitoci suke bayarwa kafin magani. Magungunan kashe zafi da ake sha kamar gyaɗa suna da nasu haɗari ga ciki da ƙoda.

Kafaɗa kuma tana da nata ciwo na daban, wato sandarewa. Jakar gaɓar ce take kumbura, ta yi kauri, ta tsuke, har mutum ya kasa sa riga ko kai hannu aljihun baya. Ya fi kama masu shekara 40 zuwa 60, ya fi yawa ga masu ciwon sukari, kuma yakan biyo bayan daɗewar hannu a rataye. Yana ɗaukar shekara ɗaya zuwa uku kafin ya saki. Wannan ne ya sa ba a son a bar hannu a majanyi fiye da kwanakin da likita ya ƙayyade.

Idan gaɓa ta lalace ƙwarai, ana sauya ta. Wanda ya kafa tsarin da ake bi har yau shi ne John Charnley, likitan ƙashi a asibitin Wrightington da ke Ingila. Da farko ya yi gurbin da robar Teflon, ta cinye cikin ƴan shekaru, ya sake yi wa majinyata da yawa aiki. A shekarar 1962 ya koma wata roba mai tauri, ya haɗa ta da ƙwallon ƙarfe mai faɗin milimita 22, ya kafe su a ƙashi da wani irin siminti. Mujallar likitanci ta Lancet ta kira wannan aiki tiyatar ƙarni a shekarar 2007. Ana yin sa a manyan asibitocin yankin nan, ciki har da Asibitin Ƙashi na Dala a Kano, sai dai kuɗinsa ya fi ƙarfin yawancin iyalai. Wanda aka yi wa kuma yana da sharuɗɗa, musamman a watannin farko: ba tsugunno, ba zama a tabarma, ba harɗe ƙafa, domin sabuwar gaɓar tana iya gocewa. A gidan da masai na tsugunno ne, kuma a ƙasa ake ci ake hira, dole a tanadi kujera da mazaunin bayan gida mai tudu tun kafin a dawo da majinyaci, salla ma a zaune bisa kujera zai yi ta har likita ya sake shi.

Gaɓar ƙarfe ba ta dawwama. Wani nazari da aka wallafa a Lancet a shekarar 2019, wanda ya tattara bayanan ƙasashe da dama, ya nuna cewa kimanin kashi 58 cikin ɗari na gaɓoɓin kwatangwalo da aka sauya suna kai shekara 25 suna aiki. Ga dattijo mai shekara 70 wannan ya wadatar. Ga mai sikila ɗan shekara 25 kuwa, ma'anarsa ita ce da wuya ya tsira daga tiyata ta biyu, wadda ta fi ta farko wuya da tsada, saboda ƙashin da za a kafa sabon ƙarfen a ciki ya riga ya ragu.